Ɗakin Injina ko Teburin Ciniki: Wace Hanya Za Ka Bi a Aikin Taskar Talabijin?

Duk gidan talabijin da ya kwana biyu yana da ɗakin da ake jibge tsofaffin kaset-kaset, kuma sana'a biyu ce ke fitowa daga wannan ɗaki. Ta farko ita ce ceto abin da ke cikin kaset kafin ya lalace, a mayar da shi fayil, a ci gaba da kula da fayil ɗin. Ta biyu ita ce sayar da izinin amfani da hotunan ga masu shirya fina-finan tarihi, da gidajen labarai, da masu talla. A manyan wurare irin su BBC ko INA, taskar sauti da hotuna ta ƙasar Faransa, sassa ne daban, kowane da ma'aikatansa. A ƙananan tashoshi kuwa mutum ɗaya ake ɗora wa duka biyun, shi ya sa sau da yawa ba a samun wanda aka yi da kyau. Wanda ke son ya riƙi wannan fage sana'a dole ya san inda zai sa ƙarfinsa, domin hannun da ya iya kwance inji da bakin da ya iya ja-in-ja da lauya ba safai ake samunsu wurin mutum ɗaya ba.

Kaya kam akwai su. An fara talabijin a Ibadan a 1959, a Kaduna a 1962, NTA ta haɗe tashoshin ƙasa a 1977, daga baya jihohi suka buɗe nasu, irin tashar Kano da aka kafa zamanin Gwamna Abubakar Rimi. A Nijar talabijin ya fara ne da shirye-shiryen makaranta a 1964. Sai dai abin da ya tsira bai kai abin da aka ɗauka ba. Kaset yana da tsada a wancan lokaci, don haka a kan goge shi a sake ɗauka a kai. Ita kanta BBC haka ta riƙa yi har wajen 1978. Gobara ma ta ci nata rabon, kamar wadda ta cinye ɗakin ajiyar hotuna da sauti na gidan rediyo da talabijin na Ghana a 1989.

Aikin mai ceto

Abu na farko da za ka koya shi ne gane kaset da ido. Kaset mai faɗin inci 2 da kamfanin Ampex ya fito da shi a 1956 da wuya ka ci karo da shi a nan, in ma ka samu sai an kai shi waje. Abin da ya fi cika ɗakunanmu shi ne U-matic na Sony mai faɗin kashi uku cikin huɗu na inci, wanda ya fito a 1971, sai Betacam na 1982, da Betacam SP na 1986, da VHS, sai kuma DVCAM da MiniDV na tsakiyar shekarun 1990. Labaran da suka girmi waɗannan galibi a kan fim mai milimita 16 aka ɗauke su, shi kuma ciwonsa daban ne: in ka buɗe gwangwani ka ji warin tsami irin na binega, fim ɗin ya fara ruɓewa, a ware shi daga sauran nan take don tururinsa yana hanzarta lalacewar maƙwabtansa.

Kowane kaset da injinsa. Ko cikin U-matic akwai iri uku, kuma in ka sa kaset na babban mataki a injin ƙaramin mataki, hoton zai fito ba launi ko ya cika tsartsatsi, sai wanda bai sani ba ya rubuta cewa kaset ya mutu alhali lafiyarsa lau. Haka batun tsarin launi. Najeriya da Ghana PAL suka bi, mai layi 625 da hoto 25 a sakan, Nijar ta watsa da SECAM irin na Faransa, kaset ɗin da ya zo daga Amurka kuwa NTSC ne mai layi 525.

Kafin kaset ya shiga inji akwai ƙa'idojin da ba a tsallakewa. A bar shi kwana guda a ɗakin aiki in daga ɗaki mai sanyi aka ɗauko shi, don kada raɓa ta kwanta masa ya manne wa gangar inji, wato ƙarfen da ke juyawa wanda kaset ke naɗewa a jikinsa. A cire jan maɓallin da ke ƙarƙashin U-matic, ko a danna makullin Betacam, don kada a goge shi bisa kuskure. A leƙa ta tagar kaset a duba ko akwai farin funfuna a gefen naɗin. In akwai, kada ya kusanci inji, domin zai shafa wa duk kaset ɗin da zai biyo baya. Sai an tsabtace shi a wuri na daban, mai aikin yana sanye da takunkumi da safar hannu.

Babbar cutar kaset ita ce danƙo. Garin maganaɗisun da ke riƙe da hoto an manna shi ne a kan leda da wani irin gam, gam ɗin kuma yana shan laimar iska shekara da shekaru har ya saki. Alamarsa ita ce kaset ya riƙa ƙara kamar ana jan ƙarfe, hoto ya yi ta dusashewa bayan 'yan mintoci, ka buɗe inji ka tarar da baƙin datti ya toshe hed, wato ɗan ƙarfen da ke karanta hoto daga kaset. Maganin da aka sani shi ne gasawa: a sa kaset a na'urar ɗumamawa ta ɗakin gwaji, ko na'urar busar da 'ya'yan itace mai riƙe zafi daidai, a wajen digiri 50 zuwa 55, na tsawon awa takwas zuwa kwana guda ko fiye gwargwadon irin kaset, sannan a bar shi ya huce sarai. Ba a yin wannan a murhun girki, ba a kuma gasa kaset mai funfuna. Gasawar ba warkewa ba ce, lafawa ce ta 'yan kwanaki ko makonni, don haka kada ka gasa kaset ashirin alhali biyar kake iya kwafewa.

Daga inji, hoton yana bi ta na'urar TBC wadda ke daidaita rawar layuka, ya shiga katin kwafa irin na Blackmagic ko AJA, ya isa kwamfuta. Yawancin kaset ɗin tasha suna farawa da sandunan launi da wani dogon sauti, da su ake saita haske da launi da ƙarfin murya ana duban na'urar auna sigina, ba da ido kawai ba. Tsakanin kaset da kaset a goge hed da hanyar da kaset ke bi da sinadarin isopropyl mai ƙarfin kashi 99 da ƙyalle marar gashi, a goga a kwance, domin gogar sama da ƙasa tana karya hed. Shi DV, wato DVCAM da MiniDV, ba a bi da shi ta wannan hanya, dama bayanan dijital ne a ciki, sai a jawo su kai tsaye ta wayar FireWire.

Kurakuran da suka fi yawa ba a inji suke ba, a zaɓin fayil suke. Mutum ya kwafe Betacam SP ya matse shi ya zama ƙaramin MP4 don ya samu wuri, ko ya haɗe layukan hoton da aka ɗauka a saƙe, wato rabi-rabi bi da bi yadda tsohon talabijin ke yi, ko ya miƙe hoton 4:3 ya cika faffaɗan allo, ko ya cakuɗa layukan sauti wuri guda. Na ƙarshen nan asara ce ta kuɗi kai tsaye. A kaset ɗin labarai sau da yawa layi ɗaya na muryar mai rahoto ne, ɗayan kuma sautin wurin da abin ya faru, kuma mai saye na biyun yake nema. In ka haɗe su ba mai iya raba su. Fayil na asali a ajiye shi yadda ya fito. Awa guda ta hoton PAL marar matsi tana cin wajen gigabait 100. Da tsarin FFV1 a cikin fayil irin na Matroska, wanda ke matsewa ba tare da zubar da komai ba, tana komawa kusan rabin haka ko ƙasa. Awa guda ta DV gigabait 13 ce. Daga na asalin ake fitar da na aiki da kuma ƙarami na kallo. Manhajojin duba inganci irin su QCTools da MediaConch da FFmpeg kyauta ne, wannan sauƙi ne ga mai koyo.

Yi lissafi da tasha mai awa 3,000 a ɗaki. A gigabait 45 kowace awa, terabait 135 ke nan kwafi ɗaya, kuma kwafi uku ake so, a kan ma'ajiya iri biyu, kwafi ɗaya a wani gari daban. Kaset ɗin ajiya na LTO-8 yana ɗaukar terabait 12, wato guda 12 kowane kwafi. Kaset kuma ba a yi masa gaggawa, na awa ɗaya awa ɗaya yake ci a inji, ban da shiri da dubawa. Mutum ɗaya da inji ɗaya in ya kwafe awa biyar a rana, kwana 220 a shekara, zai yi kusan shekara uku kafin ya gama, in inji bai tsaya ba. Kuma zai tsaya. Bel yana sakewa, robar da ke jan kaset tana ƙandarewa, kafasito yana yoyo, hed yana cinyewa. An daina ƙera waɗannan injina, na'urar VHS ta ƙarshe ma a 2016 kamfanin Funai ya yi ta. Don haka kowane inji mai aiki yana buƙatar mataccen ɗan'uwansa a gefe da za a riƙa cirar kaya, da kuma tsohon injiniyan tasha wanda ya san shi. In akwai irin wannan dattijo a garinku da ya yi ritaya, zama kusa da shi ya fi kwas da yawa amfani.

Ɗakin ajiya kuma ana son sanyi marar canzawa da laima wajen kashi 30 zuwa 40. A Kano ko Zinder zafi da ƙurar hunturu ne abokan gaba, a Legas ko Akara laima ce. Na'urar sanyaya ɗaki da ke aiki da rana ta mutu da dare in an ɗauke wuta ta fi rashinta illa, domin hawa da saukar ne ke sa kaset ya kumbura ya tsuke. Gara ɗakin tsakiyar gini marar taga, kaset a tsaye cikin gidajensu a kan kanta ta ƙarfe, nesa da ƙasa.

Aikin mai lasisi

Nan ba a taɓa kaset, takarda ake taɓawa. Furodusa ya aiko da buƙata, misali hotunan hawan daba da aka yi a Kaduna lokacin FESTAC, bikin al'adun baƙar fata na duniya, a 1977. Sai ka bincika kundin taska, ka aika masa ƙaramin kwafi mai tambarin tasha da lambobin lokaci suna gudu a kan hoton. Da wannan zai yi tacewarsa. In ya gama sai ya turo jerin inda ya ɗauka da inda ya tsaya, sakan nawa-nawa. A kan wannan ake yin farashi, a sa hannu a yarjejeniya, a biya, sannan a saki tsabtataccen kwafi, na sassan da aka saya kaɗai. Wanda ya aika kwafi mai tsabta tun farko don yana ganin mutumin kirki ne, ya riga ya yi kyauta.

Da sakan ko da minti ake sayarwa, galibi da mafi ƙarancin adadin da za a biya ko da sakan biyar aka ɗauka. Abin da ke ɗaga farashi ko ya sauke shi abu huɗu ne: ina za a nuna, a ƙasa ɗaya ko nahiya ko duniya duka, ta wace kafa, talabijin ko sinima ko intanet ko duka, shekara nawa, biyar ko goma ko har abada, sannan me za a yi da shi, don talla ta fi fim ɗin tarihi tsada nesa ba kusa ba, na makaranta kuma ya fi kowanne araha. Manyan kamfanonin nuna fim ta intanet kusan kullum duniya duka, kafa duka, har abada suke nema. Ba laifi a sayar musu haka in farashin ya kai. Abin da ba a yi shi ne a ba mutum ɗaya izinin da ya hana kowa, na har abada, domin wannan sayar da gona ne da sunan haya.

Wahalar aikin tana cikin tambaya guda: wane ne mai wannan hoton? Kaset yana ɗakinku, da tambarinku a jiki, amma wannan bai mayar da abin da ke ciki naku ba. Ɗauki labaran ƙarfe tara na wani dare a shekarun 1980. Mai karanta labarai da rahoton gidan gwamnati na tasha ne. Hotunan ƙasashen waje kuwa daga kamfanonin dillancin hotunan labarai na Visnews ko WTN suka zo, an biya ne don a nuna a lokacin kawai. Visnews ta koma hannun Reuters, WTN kuma AP, kamfanin dillancin labarai na Amurka, ta saye ta a 1998, don haka su za a tambaya. Ƙwallon gasar Afirka ta CAF ce, ta duniya ta FIFA, ko da kyamarar tasha ce ta ɗauka. Wasan kwaikwayon da wani ya shirya da kuɗinsa ya sayi fili aka nuna masa, nasa ne sai in akwai takardar da ta ce akasin haka, kuma a dokar Najeriya miƙa haƙƙin mallaka sai a rubuce.

Sai kiɗa, wanda shi ya fi kayar da mutane. Dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya ta 2022 ta ba shirin da aka watsa kariyar shekara 50 daga ƙarshen shekarar da aka fara watsa shi, amma waƙa tana da shekara 70 bayan rasuwar mai ita. Shirin da aka watsa a 1977 kariyarsa za ta ƙare a ƙarshen 2027. In a cikinsa Mamman Shata yana waƙa, shi ya rasu a 1999, waƙar tana da kariya har ƙarshen 2069, kuma magadansa ne ke da magana. Abu ɗaya a allo, haƙƙi biyu, wa'adi biyu. Dokar ta kuma tanadi kariya ga al'adun gargajiya in za a yi kasuwanci da su, wannan kuma ta hannun hukumar haƙƙin mallaka ta ƙasa ake bi. A Nijar ofishin BNDA ne ke kula da haƙƙin mawaƙa da marubuta. Kuma wa'adin ƙasarku ba lallai ya zama na ƙasar da za a nuna fim ɗin ba.

Shi ya sa yarjejeniya mai kyau take fayyace abin da taska ta tsaya a kai da abin da ta bar wa mai saye. Yawancin taskoki suna cewa: mun ba ka izinin hoton da muka mallaka, kiɗa da 'yan wasa da duk wani haƙƙin wasu kai za ka nema. Mai saye kuma zai matsa ka rubuta cewa komai naka ne kuma za ka ɗauki asara in aka kai ƙara, domin kamfanin inshorarsa ba zai yi wa fim ɗin inshora ba sai ya ga takardar kowane sakan. Kada ka sa hannu a kan abin da ba ka ga shaidarsa a fayil ba. A ƙara sharaɗi kan yanka hoto da sa masa launi da gyara shi da ƙirƙirarriyar basira, a kuma fayyace ko an yarda a horar da irin waɗannan manhajoji da shi, tunda yanzu wannan ma kasuwa ce mai zaman kanta. Hotunan yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 da na rikice-rikice suna buƙatar ƙarin sharaɗi kan yadda za a yi amfani da su. Akwai fuskoki a ciki waɗanda 'ya'yansu da jikokinsu suna raye.

Ko bayan kariya ta ƙare taska tana iya karɓar kuɗin bincike da na fitar da kwafi, tunda ita ke riƙe da kayan. Wannan kuɗin hidima ne, kada a kira shi lasisi.

Kasuwar duniya ta tattare a hannun 'yan kaɗan. Getty Images, babbar dillaliyar hotuna, ce ke sayar da hotunan taskar BBC tun 2014, ta kuma karɓi na ITN, kamfanin labaran talabijin na Birtaniya, a 2017. AP ta sayi British Movietone, taskar tsofaffin fina-finan labarai ta Birtaniya, a 2016. British Pathé, wata taska irinta, ta zuba fina-finai kusan 85,000 a YouTube a 2014, kuma darasin da ke ciki shi ne mai saye ba ya sayen abin da bai gani ba. Ƙaramar tasha tana da zaɓi biyu, ta sayar da kanta ko ta ba irin waɗannan dillalai su sayar a raba kuɗi. Dillali yana kawo masu saye da ba za su taɓa jin sunanku ba, amma la'adarsa babba ce, kuma a kula da wa'adi da yadda za a dawo da fayiloli in an rabu.

Wanda ke tsakiya

Akwai aiki na uku da ba a cika yi masa talla ba, kuma duka biyun a kansa suka jingina: rubuta abin da ke cikin hoto. Mutum ya zauna ya kalli kaset, ya rubuta cewa daga minti 4 da sakan 10 zuwa minti 5 sarki ne ke fitowa daga fada, wane sarki, wace shekara, wane ne a damansa, da wane harshe ake magana, wa ya ɗauka, akwai kiɗa ko babu. Akwai tsare-tsaren da aka amince da su na wannan rubutu, irin su PBCore da EBUCore, koyonsu ba ya wuce 'yan makonni. Abin da ba a koya a makonni shi ne gane fuskar kwamishinan jihar Arewa maso Yamma, ko bambance hawan Nasarawa da hawan Daushe daga hanyar da dawaki suka bi. A taskokin Turai akwai hotunan ƙasar Hausa masu yawa da bayaninsu bai wuce layi ɗaya ba, wani lokaci ma da kuskuren gari. Wanda ya iya Hausa da Ingilishi ko Faransanci, ya kuma san tarihin yankin, yana da abin da ma'aikacin Landan ko Faris ba shi da shi. Kuskure a nan ma yana da tsada: ka sa sunan wani a kan fuskar wani a hoton kotu, fim ya fita da shi, maganar ta zama ta ɓata suna.

To, wanne?

Ta fuskar kuɗi, ceto kashewa yake yi, lasisi ke kawowa, kuma shugabanni sun fi ganin mai kawowa. Amma kada a ruɗe ka. Kaso kaɗan na kowace taska ne ake saye, ana kuma maimaita sayensa: juyin mulki, rantsar da shugabanni, manyan bukukuwa, fitattun mutane. Da wuya cinikin ya ɗauki nauyin adana sauran. INA tana ciniki sosai, amma da kuɗin gwamnati ta gudanar da babban shirin ceton da ta fara a 1999. A hukumomin tarayyar Najeriya kuma kuɗin shiga asusun bai-ɗaya yake tafiya, ba ya dawowa ɗakin kaset kai tsaye, don haka kada ka yi wa kanka alkawarin cewa cinikin bana zai sayo inji baɗi.

Ta fuskar ɗorewa lamarin ya juye sau biyu. Aikin kwafe kaset yana da wa'adi. Taskar fim da sauti ta Ostareliya ta yi gargaɗi tun 2015 cewa abin da ba a kwafe ba zuwa 2025 yana iya salwanta, ba don kaset zai narke a ranar ba, sai don injina da masu gyaransu suna ƙarewa. Yanzu ana neman mai wannan hannu ido rufe, amma in kwafewa kaɗai ka iya, ranar da kaset ya ƙare aikinka ya ƙare. Abin da ba ya ƙarewa shi ne kula da fayil: lissafa lambar tantancewa ta kowane fayil, wadda ke canzawa in wani abu ya lalace a cikinsa, a riƙa sake dubawa ko ya canza, a kwashe daga tsohon LTO zuwa sabo kafin injin karanta shi ya ɓace, tunda LTO-8 da LTO-9 tsara ɗaya kawai suke karantawa a baya. Mai shiga ceto ya koyi wannan tun ranar farko. Lasisi shi ba shi da wa'adi, amma yana bin kasuwar fina-finai, in kamfanoni suka rage shirye-shirye wayarka sai ta yi shiru. Masu binciken taska masu zaman kansu, waɗanda furodusa ke ɗauka don su nemo hotuna su kuma warware haƙƙi, da kwantiragin 'yan watanni suke rayuwa.

Jari ma ya bambanta. Mai lasisi ko mai bincike kwamfuta da intanet da sanin mutane sun ishe shi farawa. Mai ceto mai zaman kansa sai ya tanadi injina aƙalla iri biyu, da TBC, da katin kwafa, da ma'ajiya, da inbata da sitabilaiza, domin wutar da ta ɗauke kaset yana naɗe a ganga tana iya tauna shi. Sai da ruwan ciki ake jan na rijiya. Sauƙinsa shi ne ba tasha kaɗai ce kasuwarsa ba, akwai fadoji da jami'o'i da ma'aikatun yaɗa labarai da furodusoshin Kano na zamanin VHS.

Wajen karatu, Jami'ar Jos tare da hukumar fina-finai ta ƙasa da Jami'ar Goethe ta Frankfurt sun buɗe digiri na biyu kan al'adun fim da adana shi a 2019, kuma taskar fim da bidiyo da sauti ta ƙasa a Jos ɗin take. A waje akwai shirin Jami'ar New York, da na Amsterdam, da makarantar INA ga masu Faransanci. Duk waɗannan sun fi karkata ga ceto. Lasisi galibi a bakin aiki ake koyonsa, wanda ya karanta lauya ko aikin jarida ko tarihi ya fi saurin kamawa. Ƙungiyar FIAT/IFTA ta taskokin talabijin, da IASA ta taskokin sauti da hotuna, suna wallafa jagororin fasaha, FOCAL International kuma ita ce dandalin masu ciniki da bincike.

Ga mai zaune a Turai ko Amurka, inda aka riga aka kwafe kaso mai yawa, lasisi da bincike sun fi ƙofofi. Ga mai zaune a Kaduna ko Sakkwato ko Yamai, shawararmu ita ce ya fara da rubuta bayani ko da wanne ya nufa, ya yi wata shida zuwa shekara yana kallo yana rubutawa. A nan zai gane kansa. In ya ga hankalinsa yana tafiya ga dalilin da ya sa hoto ke rawa a ƙasan allo, ɗakin injina ne wurinsa, kuma ya shiga yanzu tun dattawan da suka san injinan suna nan. In kuwa tambayar da ke damunsa ita ce wa ya ɗauki wannan, ina takardarsa, to ya nufi teburin ciniki, amma ya sani a yawancin tashoshinmu babu abin sayarwa tukuna sai an kwafe an rubuta. Aikinsa na shekarun farko zai kasance tono tsofaffin fayilolin kwantiragi a ofishin mulki, da zama da magadan mawaƙa da 'yan wasa a rubuta yarjejeniyar da ba a rubuta ba shekara 40 da suka wuce, da shawo kan shugaban tasha ya amince da jadawalin farashi guda da za a riƙa nuna wa kowane mai saye.